Tarihin Waƙar "Do-Re-Mi" da Yaranmu Suke Rerawa

Duk mai yaro a makarantar firamare a Legas ko Ibadan ya taɓa jin sa ya dawo gida yana rera do, re, mi, fa, so, la, ti, do. Akwai wata shahararriyar waƙar Turanci da aka gina a kan waɗannan sautuka, kuma yau za mu bi salsalarta.

Sunan waƙar "Do-Re-Mi". An fara rera ta ne a wani wasan dandamali mai suna The Sound of Music, wanda aka buɗe a birnin New York na Amurka ranar 16 ga Nuwamba, 1959. Richard Rodgers ne ya tsara kiɗan, Oscar Hammerstein ya rubuta baitocin. Shi ne aikinsu na ƙarshe tare, domin Hammerstein ya rasu a watan Agusta na 1960. A 1965 aka mayar da wasan fim a ƙarƙashin darakta Robert Wise, Julie Andrews ta fito a matsayin Maria. Fim ɗin ya ci lambobin yabo na Oscar guda 5.

A labarin, Maria budurwa ce mai shirin zama sista a coci, aka tura ta ta kula da yara bakwai a gidan Kyaftin von Trapp, tsohon hafsan sojan ruwan Ostiriya da matarsa ta rasu. Ta tarar uban ya hana waƙa a gidan. Sai ta fara koya musu tun daga tushe, tana haɗa kowane sauti da wata kalmar Turanci mai kama da shi, irin su barewa da ɗinki da shayi, don yaro ya riƙe. An ɗauki wannan ɓangare a garin Salzburg a 1964, aka kammala shi a lambun Mirabell, inda yaran ke tsalle a kan matakala, kowane taki sauti guda.

Iyalin von Trapp mutane ne na gaske, amma fim ɗin ya yi ƙarin gishiri. Maria ta shiga gidan a 1926 don koyar da yarinya ɗaya da ba ta da lafiya, ta auri Kyaftin a 1927, kuma ta tarar yaran sun iya waƙa. Da Hitler ya haɗe Ostiriya da Jamus a 1938, jirgin ƙasa suka hau zuwa Italiya, daga baya suka zauna a jihar Vermont ta Amurka. Ƙetare duwatsu da ƙafa da aka nuna a fim bai faru ba. Ita ma waƙar, marubutan wasa ne suka ƙirƙire ta.

Su kuwa sautukan sun girmi fim ɗin da shekara fiye da 900. A ƙarni na 11 wani malamin coci a Italiya, Guido na garin Arezzo, ya ga ɗalibansa suna shafe shekaru suna haddace waƙoƙi da ka. Sai ya lura da wata waƙar yabon Yohanna Mai Baftisma wadda kowane layinta yake farawa da murya sama da na baya. Ya ɗebo gaɓar farko ta kowane layi ya samu ut, re, mi, fa, sol, la. A ƙarni na 17 aka sauya ut da do saboda ya fi daɗin furtawa. Na bakwai da aka ƙara daga baya si ne, har sai da wata malama a garin Norwich na Ingila, Sarah Glover, ta mayar da shi ti a ƙarni na 19, don kowane sauti ya fara da harafinsa daban. John Curwen ya yaɗa tsarinta, 'yan mishan kuma suka kawo shi makarantu da coci-coci na Afirka.

Shi ya sa a ƙasar Yarbawa malamai suke koyar da karin sautin Yarabanci da do, re, mi: do na ƙasa, re na tsakiya, mi na sama. Masu kallon fim ɗin Indiya kuma za su tuna Parichay na 1972, wanda Jeetendra ya fito a malamin yara, har da waƙar da aka gina a kan sa, re, ga, ma, wato sautukan kiɗan Indiya.

Dabarar Guido ba baƙuwa ba ce a wurinmu, domin da yawanmu da rerawa muka haddace ƙirge da haruffa. In yaro ya dawo yana do, re, mi, a zaunar da shi a ba shi wannan labari, sannan a rera masa ɗaya daga cikin waƙoƙin dandali na gida.