BERRY GORDY: MAI KAMFANIN MOTOWN DA SIRRIN MALLAKAR WAƘA

A yau tarihinmu zai ƙetare teku zuwa Amurka, domin mu duba rayuwar wani baƙar fata da ya kafa masana'antar waƙa a lokacin da 'yan uwansa ke rera waƙa wasu na kwashe ribarta. Sunansa Berry Gordy.

An haife shi a birnin Detroit ranar 28 ga Nuwamba, 1929, shi ne na bakwai cikin 'ya'ya takwas. Iyayensa sun yi ƙaura ne daga jihar Jojiya ta kudu, inda wariyar launin fata ta yi tsanani, zuwa wannan birni na masana'antun mota. Da ƙuruciyarsa ya yi dambe, ya yi aikin soja a Koriya, ya buɗe shagon sayar da fayafayai ya karye, sannan ya shiga aikin haɗa motoci a kamfanin Ford. A nan ya ga yadda ƙarfe ke shiga ta wata ƙofa, ya bi ta hannun ma'aikata ɗaya bayan ɗaya, ya fita ta wata ƙofar yana sabuwar mota. Wannan tsari bai taɓa fita daga ransa ba.

Ya fara da rubuta wa mawaƙi Jackie Wilson waƙoƙi, irin su "Reet Petite" a 1957 da "Lonely Teardrops" a 1958. Waƙoƙin sun karɓu, amma aljihunsa bai shaida ba. Wata rana aka aiko masa da kasonsa na wani faifai da ya shirya wa ƙungiyar Miracles: dala 3 da santi 19. Abokinsa Smokey Robinson ya ba shi shawarar cewa in dai wannan ne ladan, gara ya kafa nasa kamfanin.

Gidan Gordy suna da wani asusu mai kama da adashinmu, kowa yana zuba dala 10 a wata. Daga nan ya nemi rance. Sai da iyali suka zauna, yayarsa Esther ta yi masa tambayoyin ƙwaƙwaf, ya sa hannu a takarda, kafin aka ba shi dala 800. Da su ya kafa Tamla a Janairun 1959, wanda ya zama Motown a 1960. Ya sayi wani ɗan gida a titin West Grand Boulevard, ya mai da garejinsa ɗakin ɗaukar murya, shi da iyalinsa suna kwana a sama.

Nan ne ya kamata mu tsaya mu fahimci abin da ya bambanta shi da sauran. Kowace waƙa tana da haƙƙi biyu. Akwai haƙƙin muryar da aka naɗa a faifai, akwai kuma haƙƙin waƙar kanta, wato baitocinta da karinta. Duk lokacin da aka sa waƙa a rediyo, ko wani mawaƙi ya sake rera ta, ana biyan marubucinta da kamfanin da ke riƙe da rajistarta. Gordy ya gane cewa faifai yakan tsufa, amma wannan haƙƙi na biyu kamar rijiya yake. Saboda haka ya kafa kamfanin Jobete, sunan da ya harhaɗa daga sunayen 'ya'yansa uku, Joy da Berry da Terry, ya sa marubutan gidansa suna rajistar waƙoƙinsu a can. A 1963 ƙungiyar Beatles ta Ingila ta sake rera waƙoƙin Motown guda uku a faifai ɗaya, kuɗinsu kuwa ya biyo hanya har Detroit.

Ya tafiyar da gidan kamar masana'antar mota. Marubuta suna ɗakinsu, makaɗa suna nasu. Maxine Powell tana koya wa matasan mawaƙa tafiya da zama da ladabin magana, Cholly Atkins yana koya musu taku. Kowace Juma'a ana zaman tantancewa, waƙar da ba ta ci ba a mayar da ita. "Shop Around" ta Miracles ta zama faifansu na farko da ya sayar da miliyan guda, "Please Mr. Postman" ta hau matsayi na ɗaya a Amurka a 1961, ƙungiyar Supremes kuma ta jera waƙoƙi biyar a matsayi na ɗaya tsakanin 1964 da 1965. Daga wannan gida Stevie Wonder da Marvin Gaye da Temptations da Jackson 5 suka yi suna. Fararen fata da baƙaƙe suka riƙa sayen faifai iri ɗaya, a zamanin da a kudu ba sa shan ruwa a famfo ɗaya. A 1963 kamfanin ya fitar da faifan jawabin da Martin Luther King ya yi a Detroit.

Sai dai adalcin tarihi ya wajabta a faɗi ɗaya ɓangaren. Makaɗan gidan da ake kira Funk Brothers, waɗanda hannunsu ke cikin mafi yawan waɗannan waƙoƙi, ba a fara rubuta sunayensu a jikin faifai ba sai 1971. Marubuta uku da suka fi kowa kawo wa gidan nasara, Brian Holland da Eddie Holland da Lamont Dozier, sun bar shi a kan rikicin rabon kuɗi, aka shafe shekaru ana shari'a. Stevie Wonder ya jira har ya cika shekara 21 a 1971, sannan ya tilasta sabuwar yarjejeniya da ta ba shi iko da aikinsa da kamfanin rajistar waƙoƙinsa. Mutumin da aka taɓa aika wa dala 3 da santi 19 ya wayi gari nasa mutanen suna yi masa irin kukan da ya yi wa wasu.

A 1972 ya mayar da kamfanin Los Angeles, mutanen Detroit suka ji zafin hakan. A 1988 ya sayar da Motown a kan dala miliyan 61, amma ya riƙe Jobete. Da ya tashi sayar da rabinsa kawai ga kamfanin EMI a 1997, dala miliyan 132 aka biya shi. Rabin takardun rajista ya ninka kuɗin kamfanin faifan gaba ɗaya har da ɗoriya. Ɗan gidan nan na farko kuwa, Esther ta mai da shi gidan tarihi a 1985.

Mu da muke zaune 'yan tsiraru a zanguna, yaranmu da dama suna shiga ɗakunan ɗaukar murya, mai waƙar biki da mai bege, suna sallama aikinsu da baki a kan kuɗin cefane. Alhali aya mafi tsawo a Alƙur'ani, cikin Suratul Baƙara, umarni ce da rubuta bashi da kafa shaidu. Gidan Gordy sun rubuta rancen dala 800 tsakanin wa da ƙani. Mai rera waƙa ya tambayi wa ke da ita kafin ya buɗe baki, wanda Allah ya ba riƙon takarda kuma ya ji tsoronsa a kan gumin makaɗi.

Allah ya sa mu dace.