Murjani da Ɓerayen Tsibirin Lord Howe

Ni dai murjanin da na sani shi ne jan tsakiyar da kakata ke ajiye cikin adaka, sai ranar buki take fiddo shi. Sai da na shiga lise mushenmu na ilimin halittu ya ce mana murjani dabba ce. Muka yi dariya. Ashe gaskiya ne: wasu ƴan mitsi-mitsin halittu ne na teku da ke gina wa kansu gida na farar ƙasa, ƴaƴa bisa ƙasusuwan iyaye, har abin ya zama tudu cikin ruwa. Irin na kakata daga tekun Bahar Rum yake fitowa, kuma ba ya gina tudu. Masu ginin ruwan ɗumi suke so, shi ya sa suka fi yawa inda zafi yake.

To amma akwai wani tudun da ya kauce wa wannan ƙa'ida, shi nake so mu duba, ƴan uwa ɗalibai. Yana jikin tsibirin Lord Howe, kilomita wajen 600 gabas da gaɓar Ostareliya, kuma duk duniya babu tudun murjanin da ya kai shi nisa ta kudu. Abin da ya rayar da shi wani ruwa ne mai ɗumi da ke gangarowa daga arewa kamar kogi cikin teku. Nan kifayen zafi da na sanyi ke cuɗanya, iri wajen 500, murjani kuma iri wajen 90. Tudun ya tokare yammacin tsibirin, ya yi masa tafki marar zurfi.

Babu wata shaidar cewa ɗan Adam ya taɓa zama wurin kafin ranar 17 ga Fabrairu 1788, da wani hafsan jirgin ruwan Ingila, Henry Lidgbird Ball, ya hango shi. Tsuntsayen wurin ba su san tsoro ba, da sanda matuƙa ke buge su, har wasu irin suka ƙare cikin tukunya. A 1834 mutane suka fara zama, suna sayar da abinci ga masu farautar manyan kifayen nan da ake tatsar mai daga jikinsu.

Babbar ɓarnar a watan Yuni 1918 ta zo. Wani jirgi mai suna Makambo ya kafe a bakin tsibirin, ɓeraye suka sauka. Wanda ya taɓa ganin abin da ɓera ke yi wa rumbu, ya san sauran labarin. Cikin ƴan shekaru irin tsuntsaye biyar da babu su ko'ina sai can suka shuɗe. Aka sa lada kan kowace wutsiyar ɓera, bai yi ba. Aka kawo mujiyoyi daga waje su cinye su, mujiyoyin suka koma kan tsuntsayen da suka rage. Wallahi da na karanta nan sai da na ajiye bik. Wani babban ƙwaro baƙi mai kama da kara shi ma ya ɓace, aka yi masa ta'aziyya, sai a 2001 masu bincike suka iske guda 24 a kan wani tsauni da ya tsaya shi kaɗai cikin teku, kilomita wajen 20 daga tsibirin.

Gyara ya zo a makare, amma ya zo. A 1982 UNESCO ta sa tsibirin cikin kayan gadon duniya. Mazaunansa wajen 400 ne, kuma doka ba ta yarda baƙi su wuce 400 a lokaci guda ba. Batun kashe ɓerayen da guba ya raba kan mutanen, wasu na tsoron ruwan shansu da dabbobinsu da kifin tafkin. Ni ban ga laifinsu ba. Da aka ji ra'ayinsu, da ƙyar masu goyon baya suka rinjaya. A 2019 aka watsa gubar, har da jirgi mai saukar ungulu, kuma tun daga nan tsuntsaye suka fara hayayyafa.

Sai dai a cikin shekarar nan ta 2019 murjanin tafkin ya yi fari fat a wurare da dama. Dalili kuwa, cikin naman kowane murjani akwai wata ƴar gansakuka da ke samar masa abinci daga hasken rana, ita ce ma ke ba shi launi. In ruwa ya yi zafi fiye da yadda ya saba, ko da digiri ɗaya ne, har na tsawon makonni, sai ya kore ta, ya zauna da yunwa. In zafin ya sauka da wuri yana iya farfaɗowa, in ya daɗe ya mutu. An ga haka a 2010. Wasu sun ɗauka sanyin kudu zai kare wannan tudun ko da na arewa sun lalace, ya zama mafaka. A farkon 2024 ya sake yin fari.