Baturiya a Bakin Turmi

A wannan karon tarihi na kawo muku, tarihin wasu baƙi samari da 'yammata da suka baro ƙasashensu masu sanyi da ƙanƙara, suka zo suka zauna a garuruwanmu da ƙauyukanmu suna aikin sa kai. Abin da ya sa na ga ya dace mu yi wannan hira shi ne, yau 'ya'yanmu da ƙannenmu ne ake turawa irin wannan aiki, kuma dutsen da wasu daga cikin baƙin nan suka yi tuntuɓe da shi yana nan inda yake, ba wanda ya kawar da shi.

Ni 'yar Fagge ce, kuma duk wanda ya tashi a Fagge ya san baƙo. Unguwar tamu ma ai masaukin baƙi ce tun asali, a wajen ganuwa, inda ayarin Azbinawa kan sauke gishiri da kanwa su ɗaure raƙumansu, fatomai su ba su ɗaki su nemo musu masu saye. Da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911 sai aka sami sababbin baƙi daga kudu, Turawa suka yanka musu Sabon Gari a wajajen 1913, ga kuma Kwarori da kantunansu a gefenmu. Saboda haka iyayenmu sun ga baƙi iri-iri: mai neman riba, mai neman mulki, mai neman mafaka. Amma baƙon da zai ce shi taimako kawai ya zo yi, kuma a ƙauye yake so a ajiye shi, wannan kam sabon abu ne.

Daga Ingila abin ya faro. A 1958 wani Bature mai suna Alec Dickson, wanda ya taɓa aiki a ƙasar nan, shi da matarsa Mora suka kafa ƙungiyar VSO, mai tura matasa ƙasashen waje su yi aikin taimako. Sai kuma shugaban Amurka John Kennedy ya kafa tasa ranar 1 ga Maris 1961, mai suna Peace Corps, wato rundunar zaman lafiya, ya ɗora mijin ƙanwarsa Sargent Shriver a kanta. Sharaɗin shi ne shekara 2, da ɗan kuɗin abinci, kuma ka zauna kamar yadda mutanen wurin suke zaune. Kada ku ɗauka tsabar tausayi ne kawai. Lokacin Amurka da Rasha suna gasar neman abokai a ƙasashen da suka sami 'yancin kai, kuma kowa yana son a ce shi ne mutumin kirki. Mu kuma a namu ɓangaren muna cikin tsananin ƙarancin malaman makaranta, musamman nan Arewa, don haka gwamnatin Abubakar Tafawa Balewa ta ce bismilla.

To jama'a, tun ba a je ko'ina ba aka yi ɓari. Rukunin farko da suka iso a 1961, waɗanda ba su kai mutum 40 ba, an sauke su ne a kwalejin jami'a ta Ibadan domin su ƙarasa horo. A cikinsu akwai wata budurwa 'yar shekara 23 mai suna Margery Michelmore, yarinya mai ƙwaƙwalwa wadda ta gama karatu da sakamako mai kyau. A watan Oktoba ta ɗauki katin gaisuwa, irin wanda ake aikawa ba ambulan, ta rubuta wa wani abokinta a Amurka cewa ba a shirya su ga irin ƙazanta da ci-bayan da suka tarar ba, wai kowa a titi yake girki, a titi yake ciniki, har da kewayawa. Katin bai shiga akwatin gidan waya ba, sai ya faɗa hannun wani ɗalibi. Kafin ka ce kwabo an buga shi an rarraba, ɗalibai sun yi taro suna cewa a kori waɗannan 'yan leƙen asiri, jaridun duniya sun ɗauka. Aka daina cin abinci da baƙin a teburi ɗaya, har sai da wasunsu suka yi yajin cin abinci kafin aka zauna aka fahimci juna. Ita kuwa ta nemi afuwa, ta bar ƙasar.

Ni dai ban ɗauke ta muguwa ba. Abin da idonta ya gani ta rubuta, kuma wasu abubuwan ba ƙarya ta yi ba. Amma ku dubi lokacin: shekara ɗaya tak da samun 'yancin kai, mutane suna ji da kansu, sai ga wadda aka shimfiɗa wa tabarma tana ba da labarin ƙurar da ke ƙarƙashinta. Ta ga titi, ba ta shiga gida ba, ba ta san sunan ko mace ɗaya daga cikin masu girkin nan ba. Hausawa suka ce baƙo makaho ne ko da yana da ido.

Duk da haka aikin ya ci gaba, har 'yan sa kai na Amurka suka kai ɗaruruwa a Nijeriya. Mafi yawansu malamai ne a sakandare da makarantun horon malamai, waɗanda da yawa ba a cikin birni suke ba. A ƙasar Kano ku tuna irin su Wudil da Bichi da Birnin Kudu. Sai dai a gaskiya zaman da yawansu bai cika zama na ƙauye sosai ba. Gidan malamai ake ba su a cikin harabar makaranta, wani har da kuku da babur. In an yi hutu sai su kwararo Kano, kuma a nan ne unguwanninmu suka san su. Gwaggona takan ce sukan gan su a kasuwar Sabon Gari da jakar saƙa a kafaɗa, fuska ta yi jawur don rana, suna ta fama da "nawa ne" da "rage mini", su wuce kantin Kingsway su sayi abin gwangwani, da dare su shiga silima. A 1966 hukumarsu ta ce za ta rage kuɗin da ake ba su, ta rufe gidajen saukar da aka tanadar musu a birane, ta kuma taƙaita ababan hawa, domin jin daɗin ya yi yawa ga mai cewa ya zo zama da talaka. Suka tayar da ƙura, har sai da shugaban hukumar na lokacin, Jack Vaughn, ya zo da kansa ya zaga yana ba su baki. A wannan shekarar ce kuma jini ya zuba a Sabon Gari, Allah kada ya maimaita mana, yaƙin basasa ya biyo baya daga 1967 zuwa 1970. Daga nan yawansu ya yi ta raguwa har aka rufe shirin a 1976. An sake buɗe shi a 1992, bai wuce 1995 ba.

Wanda yake son ganin zaman ƙauye na haƙiƙa kuwa, sai ya bi hanyar Daura ko ta Jibiya ya tsallaka Nijar, wajen 'yan uwanmu Hausawan Damagaram da Maraɗi da Tawa. Can Peace Corps ta fara a 1962, ta yi kusan shekara 50, mutum fiye da 3,000 suka yi aiki. Akan yi musu horon wata 2 zuwa 3, a shekarun baya-baya a garin Hamdallaye kusa da Yamai, kowa a gidan wani magidanci, yana koyon Hausa ko Zabarmanci. A nan ake raɗa musu suna, Baturiya ta koma Hadiza ko Zeinabu. Daga nan mota ta kai ta ƙauyenta ta sauke ta da akwati da gidan sauro, ta juya ta tafi.

Ku kwatanta a ranku. Ɗakin ƙasa, danga ta karan dawa, ba lantarki ba famfo. Ruwa sai an ja da guga, rijiyar kuma mai gaba da yawa, igiya ta ci tafin hannu. Da bazara ba mai iya kwana a ɗaki, ga kunama, ga zazzaɓin cizon sauro, ga gudawar baƙon ruwa. Abinci tuwon gero da miyar kuka yau, gobe ma haka, da rana fura. Amma duk wannan jiki ne, kuma jiki yana sabawa. Abin da ya fi ba su wuya shi ne mutane. A ƙasarsu mutum yakan rufe ƙofa ya zauna shi kaɗai, a ce yana hutawa. A ƙauyenmu wanda ya rufe ƙofa da rana ko dai ba shi da lafiya ko kuma yana fushi da jama'a. Su sun saba a yi gaisuwa da kalma ɗaya a shiga magana. Mu kuwa sai an tambayi kwana da gajiya da gida da yara da sanyi, kafin a zo ga abin da ya kawo ka. Ga miƙa abu da hagu, ga kiran sunan miji ko na ɗan fari gatsau a gaban mai kunya. Uwa-uba kuma, mace 'yar shekara 25 ba miji, ba uba ba wa a kusa, tana zaune gida ita kaɗai. Ni da ku mun san sunan da ake ba irin wannan a garinmu.

To wa ya fitar da su kunya? Mata ne. Mai gari yakan danƙa baƙuwa a hannun wani gida, uwargidan ta zama uwar ɗakinta. Ita za ta koya mata ɗaurin zane yadda ba zai kwance a bakin rijiya ba, ta ce mata sa kallabi, ta ja ta gidan barka da gidan suna da gidan gaisuwar mutuwa, ta nuna mata inda ake durƙusawa. A bakin turmi ake yi mata dariya in taɓarya ta kufce, a nan kuma Hausarta take nuna. Sai bayan ta sha wannan makaranta sannan maganarta take da nauyi, in ta ce a kawo jarirai awo, ko a ƙara wake da gyaɗa a kunun yaye, ko a haɗa ruwan gishiri da sukari ga yaro mai gudawa, ko a tace ruwan tafki saboda kurkunu. Wadda ta tsallake wannan mataki ta fara da wa'azin tsafta, za a ce mata "to, madalla", ba kuma abin da zai canja. Kun dai san "to" ɗinmu.

Mace kuma tana da wata dama da namiji ba shi da ita, domin "ba shiga" ba ta hana ta. Wannan tun kafin zuwan 'yan sa kai aka gane shi. Wani mai bincike, M. G. Smith, da yake aiki a ƙasar Zazzau, iyakarsa zaure, sai matarsa Mary da ta iya Hausa ta riƙa shiga cikin gida. A Giwa ta ƙulla ƙawance da wata tsohuwa ungozoma, Baba, wadda ta ba ta labarin rayuwarta tsakanin ƙarshen 1949 da farkon 1950: aure-aurenta, zamanin harin bayi, zuwan Turawa, kishi da ƙawance da goyon 'ya'yan wasu. Baba ta rasu a 1951, littafin ya fito a 1954, kuma har yau masana a jami'o'in duniya suna karanta abin da tsohuwar ƙauye ta faɗa.

Cikin mazan ma akwai waɗanda harshen ya kama su bai sake su ba. Paul Newman, ba ɗan fim ɗin nan ba, yana cikin rukunin farko na 1961, ya koyar a Maiduguri. Daga baya ya dawo Kano ya shugabanci Cibiyar Nazarin Harsunan Nijeriya a Kwalejin Abdullahi Bayero, shi da matarsa Roxana suka fitar da ƙamusun Hausa zuwa Turanci a 1977, a 2000 kuma ya wallafa nahawun Hausa mai shafi fiye da 700. Malam Sabo ake ce masa. Russell Schuh kuwa a Nijar ya yi nasa, 1965 zuwa 1967, a aikin yaƙi da jahilci, daga baya ya koyar da Hausa a jami'a a Amurka, ya rasu a 2016. Shi Malam Takalmi ne, don abin da sunansa ke nufi ke nan da Jamusanci.

Wani zai ce, to mu me muka samu? An samu. Akwai dattawa da yawa da suka koyi lissafi da kimiyya a hannunsu. A kwarin Majiya ta ƙasar Tawa, layukan darbejiya da aka fara dasawa a 1975 don tare iska, da hannun ma'aikatan daji na Nijar da 'yan sa kai da manoman wurin, sun kare gonaki masu yawa. Amma ni a ganina baƙin sun fi mu riba, domin sun koma da harshe da ilimi da suna. Kuma komai zaman da suka yi, akwai bambancin da ba ya gogewa: in ciwo ya yi tsanani mota za ta zo ta ɗauki Baturiya, maƙwabciyarta mai naƙuda kuwa sai amalanke. A Janairun 2011, da aka sace wasu Faransawa 2 a Yamai aka kashe su, cikin 'yan kwanaki aka kwashe 'yan sa kai kusan 100 daga Nijar, wasu ko sallama ba su samu sun yi da iyayen ɗakinsu ba.

Yanzu kuma juyi ya zo kanmu. Tun 1973 Janar Yakubu Gowon ya kafa bautar ƙasa, inda ake tura wanda ya gama jami'a wata jiha ya yi shekara guda. A 1987, zamanin Janar Babangida, ministan harkokin waje Bolaji Akinyemi ya kawo shirin tura ƙwararrun Nijeriya aikin taimako na shekara 2 a wasu ƙasashe, malamai da likitoci da nas-nas, daga Gambiya har Jamaika da tsibirin Fiji. Wato mu ma mun zama masu zuwa taimako. Amma ku saurari hirar gidajenmu ranar da takardar turi ta fito. 'Yar Fagge ko 'yar Sabon Gari aka ce ƙauye za ta, sai kuka, sai neman wanda ya san wani a canja mata wuri. Wadda ta daure ta je kuma, ko wadda aure ya kai ta, sau da yawa da kalmar "gidadawa" take sauka daga mota, alhali kakarta daga irin wannan ƙauyen ta zo birni da ƙwarya a ka. Ba ta aika katin gaisuwa, amma tana da waya. Ta ɗauki hoton makewayin makaranta da yara marasa takalmi ta ɗora a Facebook, da 'yar magana ta ban dariya a ƙasa. Wannan katin kuwa ba sai ya faɗi a hanyar gidan waya ba kafin mutanen garin su karanta, domin ɗan mai gari ma yana da tasa wayar, kuma shi ne yake ɗebo mata ruwa da safe.