2.3 Tarihin Kalmomin Kwanciyar Ɗan Tayi a Cikin Iri

Wannan sashe zai waiwayi yadda aka samar da keɓaɓɓun kalmomin da ke bayyana kwanciyar ɗan tayin shuka a cikin ƙwayar iri, da kuma matsayin Hausa a wannan fage.

Masana ilmin tsirrai na Turai su ne suka fara tsara waɗannan kalmomi. A shekarar 1788, wani Bajamushe mai suna Joseph Gaertner ya fara buga littafinsa a kan 'ya'yan itatuwa da iri, inda ya feɗe ƙwayoyi ya nuna yadda ɗan tayi yake kwance. Daga baya A. P. de Candolle, mutumin Janeba, ya mayar da wannan kwanciya ma'aunin rarrabe tsirrai. A 1821 ya kasa dangin kabeji bisa inda 'yar saiwa ta jingina: idan a gefen ɓarin iri biyu take, alamarta o=, idan kuwa a bayan ɓari ɗaya take, alamarta o||. A 1825 ya kasa dangin wake gida biyu, wato masu lanƙwasasshen ɗan tayi da masu miƙaƙƙe.

A ƙasar Hausa kuwa, aikin ya bi wata hanya daban. J. M. Dalziel ya buga ƙamus na sunayen tsirrai da Hausa a 1916, sa'an nan littafinsa na amfanin tsirran Afirka ta Yamma a 1937. Ayyukan biyu sun fi mayar da hankali ga sunaye da amfani, ba ga abin da ke cikin ƙwaya ba.

Wannan ba ya nufin Bahaushe bai san cikin iri ba. Manomin Darki da ke ƙaramar hukumar Wudil ya san ido da ɓawo da ɓari da tsiro da saiwa. Idan aka jiƙa wake aka ɓare shi, za a ga 'yar saiwarsa a lanƙwashe kusa da ido, alhali ta gyaɗa a miƙe take. Abin da ya rage shi ne tsayayyun kalmomi da za a koyar da su a aji. Matuƙar babu su, ɗan manomi zai ci gaba da haddace da Turanci abin da yake riƙe da shi a hannu kowace damina. Saboda haka babi na uku zai gina kalmomin a kan waɗanda manoma suka riga suka sani.