Ranar da Matan Yamai Suka Ce Ba Za a Yi Ba Da Su Ba

'Yan'uwana mata, sau nawa kina tsakiyar tuƙin tuwo da magariba, rediyo na gefen murhu, ki ji mai karanta labaran duniya ya fara da zanga-zanga a wata ƙasa, ya bi da yajin aiki a wata, ya ƙare da dokar hana fita a ta uku? Galibinmu sai mu ce Allah ya kyauta, mu murɗa tasha mu nemi waƙa, a ganinmu wannan rigimar maza ce da 'yan siyasa. To yau ina so in ba ku tarihin wasu mata 'yan'uwanmu, nan kusa da mu a Jamhuriyar Nijar, waɗanda ba su ɗauki abin a matsayin na maza kaɗai ba.

Daga ƙarshen 1989 zuwa 1991 duniya ta shiga wani irin yanayi, kusan kullum da labarin mutanen da suka fito kan titi suna cewa sun gaji. A watan Nuwamba na 1989 Jamusawa suka fasa katangar Balin. A Fabrairun 1990 ƙasar Benin ta kira babban taron ƙasa, wanda ya karɓe iko daga hannun Janar Kereku ba tare da an zubar da jini ba. A Mali kuwa abin bai zo da sauƙi ba, don a watan Maris na 1991 sojoji sun buɗe wuta kan jama'a a Bamako, an rasa rayuka masu yawa har da na mata, kafin a kifar da Musa Traore ranar 26 ga watan.

Ita ma Nijar iskar ba ta tsallake ta ba. Sojoji ke mulki tun 1974 da Seyni Kunce ya yi juyin mulki, da ya rasu a 1987 kuma Janar Ali Saibu ya gaje shi. A lokacin nan kuɗin yuraniyam, wanda shi ne babban abin da ƙasar ke sayarwa waje, ya faɗi warwas. Bashi ya yi wa gwamnati katutu, masu ba da rance na duniya suka ce sai an tsuke bakin aljihu, tsukewar nan kuwa ta faɗa kan ma'aikata da 'yan makaranta. Ke da kike riƙe da gida kin san ma'anar wannan: cefane ya ragu, miya ta tsinke, yaro ya dawo an koro shi.

Ranar 9 ga Fabrairu 1990 ɗaliban jami'ar Yamai suka fito, suka nufi cikin gari ta kan gadar Kenedi da ta ratsa kogin Kwara. A nan jami'an tsaro suka tare su da harbi, ɗalibai uku suka rasu, wasu da dama suka ji rauni. Kwana biyu bayan haka aka saki Nelson Mandela daga kurkuku, duniya duk ta juya can tana murna, amma a wasu gidaje na Nijar zaman makoki ake yi. Jinin yaran nan bai kwanta ba. Ƙungiyoyin ƙwadago da na ɗalibai suka yi ta yajin aiki, har a watan Nuwamba na shekarar Ali Saibu ya amince a kafa jam'iyyu da yawa, daga baya kuma aka tsayar da maganar kiran taron ƙasa irin na Benin.

To a nan ne fa abin mamaki ya faru. Da aka tashi kafa kwamitin da zai shirya taron, sai aka zuba mutum 68, a cikinsu mace ɗaya tak. Ku ji fa, ɗaya tilo! Ba gwamnatin soja kaɗai ta yi wannan ba, har da su masu neman canjin, wato shugabannin ƙwadago da na ɗalibai da na sababbin jam'iyyu, kowa ya turo maza 'yan'uwansa. Alhali da matan aka sha wahalar yajin aikin, malaman makaranta da ma'aikatan asibiti da na ofis, su ne kuma suka riƙa haɗa ɗan abin da ke akwai don kada yara su kwana da yunwa.

Ranar 13 ga Mayu 1991 matan Yamai suka ce ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Dubbansu suka fito, 'yan boko da 'yan kasuwa, 'yan mata da iyaye, suka taka a ƙasa har ofishin Firayim Minista. Ba su ƙona mota ba, ba su fasa kantin kowa ba. Buƙatarsu guda ce kuma a fili take: a ƙara mata a cikin kwamitin. Suka tsaya a kan bakansu har sai da aka saurare su, aka ƙara mata biyar. Wata za ta ce, biyar a cikin wannan taron maza ai ba wani abu ba ne. Haka ne, ba yawa. Amma kafin ranar, ba wanda ya yi tunanin ana bin mata bashin ko da kujera guda.

Taron ƙasar ya buɗe ranar 29 ga Yuli 1991 ƙarƙashin jagorancin Farfesa Andire Salifu, bai tashi ba sai 3 ga Nuwamba. Ya rage wa Ali Saibu iko, ya kafa gwamnatin riƙo, a 1993 aka yi zaɓen da ya kawo Mahaman Usman. Ita kuwa 13 ga Mayu, gwamnati ta mayar da ita ranar matan Nijar, ana tunawa da ita duk shekara.

Kada ku ɗauka daga nan komai ya gyaru. A 1996 sojoji suka sake karɓe mulki, a zaɓen 1999 kuma mace ɗaya ce kacal ta samu shiga majalisa mai kujeru 83, kamar dai an koma gidan jiya. Sai dai matan sun riga sun gane hanya. Suka ci gaba da matsa lamba, a shekarar 2000 aka yi dokar da ta ware wa kowane jinsi aƙalla kashi 10 cikin ɗari na kujerun zaɓe da kashi 25 na muƙaman naɗi. Da aka yi zaɓen 2004, mata 14 suka shiga majalisa mai kujeru 113. A 2019 aka ɗaga kason zaɓe zuwa kashi 25. Juyin mulkin Yulin 2023 ya rushe majalisar da ke kai a lokacin, amma bai goge abin da aka koya ba.

Ba ina cewa kowace ta yar da muciya ta fita titi ba ne, don titi na da haɗarinsa, iyayen yaran gadar Kenedi su ne shaida. Abin lura shi ne, duk inda aka yi tarzoma mace ce ke fara jin zafinta, ita ce kuma ake fara mantawa da ita ranar rabon kujeru. Matan Yamai sun san takamaiman abin da suke nema, sun haɗa kai, sun nema a lokacin da ake shirin zama, ba bayan an tashi ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, in kuwa ba ya wurin da ake maganar gyara, wani ɗakin za a yi wa yaɓe.

Saboda haka 'yar'uwa, gobe in an fara labaran duniya kada ki yi saurin murɗa tasha. Ki saurara, ki tambayi me ya kawo rigimar, wa ke magana da sunanki, ki kuma zaunar da 'yarki ta ji tare da ke. Allah ya ji ƙan waɗanda suka rasu, ya zaunar da ƙasashenmu lafiya, amin.