Nauyin Biyan Bashin Gida a Wata da a Tsawon Shekaru: Nazari Daga Tudun Wadar Sakkwato

Tsakure

Wannan maƙala ta yi nazarin abin da bashin mallakar gida ke ci wa mai karɓarsa, a ƙarshen kowane wata da kuma a tsawon wa'adin biya, ta la'akari da halin ma'aikaci ko ɗan kasuwa mazaunin Tudun Wada a birnin Sakkwato. An ɗauki sharuɗɗan Asusun Gidaje na Ƙasa aka yi lissafi a kan bashin naira miliyan 10, sannan aka gwada sakamakon da na bankunan kasuwanci, da na ƙungiyoyin gama kai, da na gini sannu-sannu. Maƙalar ta nuna cewa jimillar kuɗin da ke razana mutane ba nan ne nauyin yake ba. Nauyin yana bakin ƙofa, wato sharuɗɗan samun bashin, da kuma shekarun farko na biya.

1. Gabatarwa

Tudun Wada tana cikin ƙaramar hukumar Sakkwato ta Kudu, kuma an raba ta mazaɓu biyu. Shiyya ce ta ma'aikata da 'yan kasuwa da masu sana'ar hannu, inda gidan gado da gidan haya ke jingine da juna. Wanda ya gaji da haya a nan yakan ɗauki ɗaya daga hanyoyi uku: ya sayi fili a bayan gari, wajen Arkilla ko Mana ko Kalambaina, ya riƙa gini gwargwadon hali, ko ya nemi gida a rukunin gidajen gwamnati a riƙa cire kuɗin daga albashinsa, ko kuwa ya karɓi bashi ya jinginar da gidan. Hanya ta uku ce mutane suka fi gudu, kuma ita ce aka fi ƙarancin zama a yi wa lissafi.

Tsarin bashin gida a Nijeriya ya girmi 'yancin kai. A 1956 aka kafa ƙungiyar bayar da rancen gine-gine wadda ta rikiɗe ta zama Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, wato FMBN, a 1977. Doka mai lamba 3 ta 1992 ta samar da Asusun Gidaje na Ƙasa, NHF, inda ake cire kashi 2.5 cikin ɗari na albashin ma'aikaci kowane wata. Wanda ya yi wata shida yana zubi yana da damar neman bashi a kan kuɗin ruwa kashi 6 a shekara, ya biya cikin shekarun da za su iya kai 30. FMBN kan ba bankunan jinginar gidaje kuɗin a kan kashi 4, su kuma su miƙa wa mai nema a kan kashi 6. Iyakar bashin ta daɗe a naira miliyan 15 kafin a ɗaga ta zuwa miliyan 50. Ma'aikatan tarayya da ke Sakkwato, irin na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da asibitin koyarwarta, suna ganin wannan cirar a takardar albashinsu, amma ganin cira daban, sanin abin da za ta iya saya daban.

2. Hanyar Bincike

Lissafi ne ginshiƙin wannan aiki, kuma duk misalan da ke ciki na gwaji ne. An yi amfani da ƙa'idar biya daidai-wa-daida da bankuna ke bi, inda kuɗin wata ba ya sauyawa amma ana lissafa ruwa a kan ragowar bashi. Idan uwar kuɗi ita ce U, ruwan wata r, yawan watanni n, to biyan wata shi ne U × r ÷ [1 − (1 + r)^−n]. Kashi 6 a shekara yana nufin r ya zama 0.005.

3. Biyan wata da jimillar biya

Bashin miliyan 10 a kan kashi 6 na shekara 30 yana neman naira 59,955 kowane wata. Idan aka tara watanni 360, mai bashi ya biya kimanin miliyan 21.58, wato ruwan ya zarce uwar kuɗi. A shekara 20 biyan wata 71,643 ne, jimilla miliyan 17.19. A shekara 15 kuwa 84,386 ne, jimilla miliyan 15.19. Sauƙin naira 24,431 a wata da wanda ya zaɓi shekara 30 ya samu a kan mai shekara 15, ya saye shi ne da ƙarin miliyan 6.39.

Abin da ya fi wannan muhimmanci shi ne yadda kuɗin ke rabuwa a ciki. A watan farko na bashin shekara 30, naira 50,000 ruwa ce, 9,955 kacal ke taɓa uwar kuɗi. Bayan shekara goma cur, mutum ya zuba miliyan 7.19, amma har yanzu ana bin sa miliyan 8.37. Sai an shiga shekara ta 19 ne rabon uwar kuɗi zai fara rinjayar rabon ruwa. A nan ne rigima ke tashi tsakanin banki da wanda ya je neman a faɗa masa ragowar bashinsa, ya ɗauka an cuce shi. Ba ha'inci ba ne a ma'anar doka, ƙa'idar ce haka, sai dai laifin banki ne idan bai shimfiɗa masa jadawalin biyan tun kafin ya sa hannu ba.

Wannan rabon yana da fa'ida ga wanda ya gane shi. Duk nairar da aka ƙara a farko uwar kuɗi take sara kai tsaye. Ƙarin naira 10,000 a wata yana dawo da bashin shekara 30 zuwa kimanin shekara 21, ya rage jimillar da kusan miliyan 4, muddin yarjejeniyar ba ta ɗora tara a kan biyan gaggawa ba.

A bankin kasuwanci labarin ya sha bamban. Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 a watan Nuwamba na 2024, don haka kashi 25 ba tsauri aka yi ba a matsayin misali. A kan haka, miliyan 10 na shekara 10 na neman 227,493 a wata. Idan aka ninka wa'adin ya zama shekara 20, biyan wata ya sauko zuwa 209,822 ne kawai, jimillar kuwa ta tashi daga miliyan 27.3 zuwa 50.4. Tsawaita wa'adi a kan ruwa mai tsada ba sauƙi ba ne ko kaɗan.

Akwai kuma lissafin da wasu ƙungiyoyin gama kai na ma'aikata ke yi, inda ake ɗora ruwa a kan uwar kuɗin farko har ƙarshen wa'adi, ba a kan ragowa ba. Kashi 6 irin wannan a shekara 15 ruwan miliyan 9 ne, biyan wata 105,556. A ma'aunin banki wannan ya yi daidai da kusan kashi 9.7. Adadi ɗaya ake ambata a baki, amma tazarar ta haura naira 21,000 kowane wata.

4. Bakin ƙofa

Ƙa'idar da ake bi ita ce kada biyan wata ya wuce kashi ɗaya bisa uku na abin da mutum ke samu. Biyan 59,955 na bukatar albashin kusan 180,000. Mai mafi ƙarancin albashi na naira 70,000, wanda aka sa wa hannu a Yulin 2024, ba zai biya fiye da 23,333 ba, abin da zai ba shi bashin kimanin miliyan 3.9 idan yana da shekara 30 a gaba. Kuma ba kowa ke da su ba. Ma'aikacin gwamnati kan yi ritaya ne a shekara 60 da haihuwa ko 35 da kama aiki, don haka mai shekara 45 saura masa 15, bashinsa ya faɗo zuwa kusan miliyan 2.8. Galibi mutum ba ya kai matakin albashin da zai ɗauki bashin kirki sai lokacin da shekarun aikinsa suka ƙare wa bashin. Wannan, a ganin wannan nazari, shi ne babban raunin tsarin.

Sai kafin alƙalami. Tun 2018 FMBN ya janye shi ga bashin da bai wuce miliyan 5 ba, ya mayar da shi kashi 10 ga na sama da haka zuwa miliyan 15. Gidan miliyan 11.1 ke nan na neman mai saye ya ajiye kimanin miliyan 1.1 daga aljihunsa, ban da la'adar dillali, da kuɗin lauya, da na mai kimanta gida, da harajin hatimi, da na rajista, da inshorar gobara da ta rai da za a riƙa sabuntawa.

Takarda ma shinge ce. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa filayen birane a hannun gwamna, sashe na 22 kuma ya hana jinginar da fili ba da amincewarsa ba. Banki takardar shaidar mallaka ta gwamnati yake nema, wadda aka fi sani da C of O. A tsofaffin shiyoyi irin Tudun Wada, gida kan sauya hannu da takardar ciniki da shaidu da sa hannun mai unguwa, wani kuma gidan gado ne da magada ba su raba ba. Irin wannan gida yana da daraja a kasuwa, amma ba ya jinginuwa a banki. Shi ya sa bashin gida ya fi bin sababbin rukunai, irin gidaje 250 da ma'aikatar gidaje ta tarayya ta ƙaddamar da gininsu a Sakkwato a 2024 a ƙarƙashin minista Ahmed Musa Ɗangiwa, wanda shi ma ya taɓa shugabantar FMBN. Ɗan kasuwar da ba shi da takardar albashi kuwa, ko da doka ta ba shi damar zubi da kansa, sai ya sha wahalar gamsar da banki cewa cinikin bana zai maimaita kansa baɗi.

5. Hauhawar farashi da wutsiyar bashi

Miliyan 21.58 adadi ne mai yaudara, domin ya haɗa nairar yau da nairar shekara talatin masu zuwa kamar darajarsu ɗaya. Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta ce hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 a Disambar 2024. Ko an ɗauki kashi 15 kawai a matsayin misali, naira 59,955 bayan shekara goma ba za ta sayi fiye da abin da 14,800 ke saye yau ba. Tarihin albashi ya nuna haka a fili: mafi ƙarancinsa 18,000 ne a 2011, ya koma 30,000 a 2019, sannan 70,000 a 2024. Mai mafi ƙarancin albashi da ya ɗaure kansa da biyan 6,000 a 2011 sulusin albashinsa yake bayarwa, a 2024 kuwa bai kai kashi 9 ba. Bashi mai tsayayyen ruwa na kashi 6 a irin wannan yanayi tallafi ne, kuma masu zubin da ba su taɓa karɓar bashi ba su ke biyan sa, tunda ajiyarsu kashi 2 take haifarwa.

Kada dai a zarce. Ƙarin albashi jefi-jefi yake zuwa, farashin gero da shinkafa kuwa ba ya jira. Tsakanin ƙari da ƙari, kashi biyu bisa ukun da ya rage wa mai bashi yana ƙanƙancewa, alhali cirar banki na nan daram. Shekaru biyar na farko su ne siraɗin.

Mai gini sannu-sannu, da adashe da rarar albashi, ba ya biyan ruwa, amma shi hauhawar ke cizo. A Oktoban 2023 kamfanin BUA, mai masana'antar siminti ta Kalambaina, ya sanar da farashin naira 3,500 kan buhu a bakin kamfani. A Fabrairun 2024 gwamnatin tarayya da masu siminti sun daidaita a kan 7,000 zuwa 8,000 a kasuwa. Ginin da ya tsaya a linta shekara huɗu yana jiran kwano, mai shi na biyan haya a Tudun Wada, ga damina na cin bulo. Waɗannan duka kuɗi ne, sai dai ba wanda ke rubuta su a jadawali.

6. Batun riba

A birnin Shehu ba a gama zancen bashi ba a taɓo hukuncin riba ba, kuma da yawa daga masu ƙin bashin gida ba lissafi ya hana su ba. Jingina ita kanta halas ce a fiƙihu, ƙarin da ake ɗora wa rance ne abin ƙi. Babban Banki ya fitar da ƙa'idojin bankin da ba ruwa a 2011, Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019. Hanyoyin da irin waɗannan bankuna ke bi sun haɗa da murabaha, inda banki ke sayen gida ya sayar wa mutum da ribar da aka yanke tun farko, da ijara mai ƙarewa da mallaka, da tarayya mai raguwa, inda mutum ke biyan hayar kason banki yana kuma sayen kason a hankali.

Sauyin akadi ya warware matsalar hukunci, amma bai ɗauke bukatar lissafi ba. A murabaha jimillar a ƙayyade take, ba ta ƙaruwa, sai dai wanda ya biya da wuri ba shi da haƙƙin ragi sai abin da banki ya ga dama ya yafe, saɓanin misalin ƙarin 10,000 da ya gabata. A ijara kuwa ana iya sake duba kuɗin haya lokaci-lokaci, wanda ke nufin kariyar da tsayayyen biya ke bayarwa daga hauhawar farashi tana iya raguwa. A tarayya mai raguwa ma hayar ce ke rinjaye a shekarun farko, tunda kason banki ne mafi girma.

Sauran abu guda da ya shafi kowace hanya shi ne mutuwa. A shari'a ana fitar da bashi kafin a raba gado, don haka wanda ya rasu a shekara ta goma ta bashin miliyan 10 ya bar wa magada miliyan 8.37 a kan gidan da suke ciki. Inshorar rai ta jingina, ko takaful ga mai gudun ta farko, ita ke biyan wannan ragowa, da sharaɗin ba a bar ta ta mutu ba saboda rashin sabuntawa.