Zaman Gari Ɗaya a Matsayin Dabarar Aiki: Nazari kan Peter Cheeseman da Gidan Wasa na Victoria

Tsakure

Wannan maƙala ta nazarci aikin Peter Cheeseman (1932–2010), daraktan wasan kwaikwayo ɗan Ingila da ya jagoranci gidan wasa na Victoria daga 1962 zuwa 1998. Matsayarta ita ce daɗewarsa a yanki ɗaya ce ta haifar da salon da ya yi suna da shi.

Gabatarwa

A Ingila an saba ɗaukar gidajen wasa na larduna tamkar zango, inda darakta zai goge kafin ya nufi Landan. Cheeseman ya saɓa wa wannan al'ada. A 1962 kamfanin wasan kwaikwayo na Stephen Joseph ya mayar da wani tsohon gidan sinima a Stoke-on-Trent gidan wasa na Victoria, dandalin da 'yan kallo ke zama kewaye da 'yan wasa, Cheeseman ya karɓi ragamarsa, ya kuma riƙe ta shekara 36. A 1986 ya kai kamfanin sabon gini, New Vic, a Newcastle-under-Lyme.

Hujja daga Wasanninsa

A lokacin, yankin na masu ginin tukwane ne da ma'aikatan kwal da ƙarfe, kuma daga rayuwarsu ya ɗebo labaransa. The Jolly Potters (1964) ya waiwayi gwagwarmayar ma'aikata a ƙarni na 19, The Knotty (1966) ya bi tarihin jirgin ƙasan yankin, Fight for Shelton Bar (1974) kuwa ya tsaya kan fafutukar hana rufe masana'antar ƙarfe ta Shelton Bar. Ƙa'idarsa ita ce maganar da za a furta a dandali ta fito daga tushe na asali, ko tsohuwar takarda ko muryar mutumin da aka naɗa. 'Yan wasan da kansu ke fita naɗo muryoyin. Nan ne daɗewa ta yi rana, domin ma'aikaci ba ya buɗe wa baƙo cikinsa, sai wanda ya san gobe ma za su haɗu. Haka kuma darakta bai isa ya murɗe maganar mutumin da zai zo ya zauna cikin 'yan kallo ba.

Suka da Amsa

Za a iya cewa wasannin ba su yi tafiya mai nisa ba. Gaskiya ne, sai dai ba don yawo aka shirya su ba, kuma dabarar kanta ta yi nisa: masu nazari kamar Derek Paget sun sanya Cheeseman cikin magabatan wasan da ake ginawa da ainihin kalaman mutane. Suka ta biyu ta fi nauyi: an daina narka ƙarfe a Shelton Bar a 1978, to me wasan ya tsinana? Amsar ita ce, a lokacin makomar masana'anta a hannun gwamnati da kamfanin ƙarfe na ƙasa take. Abin da dandali ke iyawa shi ne ya bai wa ma'aikata fili su kafa hujjarsu da harshensu a gaban maƙwabtansu, kuma wannan ya samu.

Kammalawa

Idan aka auna darakta da yawan wasannin da ya kai Landan, Cheeseman zai zo baya. Ma'aunin da ya dace da gidan wasa na lardi shi ne amanar da ke tsakaninsa da mutanen gari, wadda ba ta ginuwa sai da shekaru.